Kafin Ka Goya Famfon Feshi, Durƙusa Ka Dubi Gindin Bishiyar

Ƙannena da 'ya'yana na Kura, Bunkure da Garun Malam, ku kuka sa na ɗauki alƙalami. A 'yan shekarun nan ina ganin abin da ke faranta mini rai. Saurayi ya samu kuɗin shinkafa ko na tumatir, ya gina ɗakinsa, kafin ma ya sa ƙyaure ya je bakin titi ya sayo dashe, satilayit a ƙofar gida, mangwaro mai aure a tsakar gida, lemo kusa da rijiya. Sai dai akwai abin da ke biyo baya wanda ke sosa mini zuciya. Bayan wata shida ganye ya fara rawaya, mai bishiya ya goya famfo, ya zuba ragowar maganin da ya fesa wa tumatir, ya yi mata wanka da shi. Bayan mako biyu ya sake. Daga nan sai ka ji ya ce, "Ai ƙasarmu ba ta karɓar irin wannan."

Ƙasarmu tana karɓa. Mu ne muke ɗaukar bishiya tamkar tumatir, alhali ba halinsu ɗaya ba.

Ban ga laifinku ba, domin a cikin noman rani kuka buɗe ido. Tun da aka gama madatsar ruwa ta Tiga a 1974, aikin da aka fara zamanin Gwamna Audu Baƙo, ruwa ke bin kwalbatoci yana ratsa Kadawa har gonakinmu, rani da damina. Ya kawo mana alkama, shinkafa, albasa da tumatirin da ke cika Kwanar Gafan. Ya kuma koya mana lissafin wata uku: ka shuka, ka ba da ruwa, ka watsa taki, ka yi feshi, ka kwashe. Wanda ya ga abin da tsutsar sharon ta yi wa tumatir a 2016, shekarar da kamfanin tumatir na Ɗangote da ke Kadawa ya dakatar da aiki saboda rashin kayan sarrafawa, ba zai yi mamaki ba idan manomi ya ga tabo a ganye hannunsa ya nufi kwalbar magani. Amma bishiya lissafinta na shekaru ne. Abin da ka gani yau a ganyenta, sau da yawa ya faro ne daga saiwarta tun bara. Dattawanmu suna ba da labarin ɗorawa, tsamiya da kukokin da aka tumɓuke lokacin da ake baje ƙasa don fitar da hanyoyin ruwa. Da itatuwan suka tafi, wani sashe na sanin yadda ake zama da su ma ya bi su. Shi nake so mu dawo da shi.

Bari in fara da abin da ya same ni. Na taɓa dasa lemo guda biyar a gefen gonata, dab da ƙaramar hanyar ruwa, ina ganin na yi musu gata. Duk sanda aka sako ruwa sai in buɗe musu ya kwanta a gindinsu har ya taɓa jikin itacen. A shekara ta uku ganyensu ya koɗe, ɓawon gindin ya tsattsage yana fitar da wani abu kamar ƙaro. Na yi feshi sau uku da maganin ƙwari, ban ga canji ba. Wani tsohon ma'aikacin gona ne ya zo wucewa, ya durƙusa, ya tona gindin ɗaya da ɗan icce, ya ɗago mini saiwa baƙa wadda ta yi laushi tana wari. Ya ce, "Ɗana, ba ƙwaro ba ne, ruwa ne ya ci su." Uku suka mutu. Har yau idan na wuce wurin ina jin zafin abin, domin da hannuna na kashe su ina zaton alheri nake yi.

Ga yadda abin yake. Saiwa tana shan ruwa, amma tana numfashi kuma. Tsakanin ƙwayoyin ƙasa akwai 'yan kafofi da iska ke zama. Idan ruwa ya cika su kwana da kwanaki, ƙananan saiwoyi masu kama da gashi, waɗanda su ne bakin bishiya, sai su shaƙe su ruɓe. Bishiyar da ke tsaye cikin ruwa tana iya yin yaushi kamar wadda ƙishirwa ta kama, mai ita ya ƙara mata ruwa, ya ƙarasa ta. A yankinmu wannan ita ce babbar matsala, saboda shekaru hamsin na ban-ruwa sun ɗago ruwan ƙarƙashin ƙasa a wurare da dama, musamman inda magudanan fitar da ruwa suka cushe da kacala. Kun san gonakin da idan aka haƙa rami kamu biyu ko uku sai ruwa ya tsattsafo. Kun san kuma inda ƙasa ke yin fari-fari kamar an barbaɗa kanwa idan ta bushe. Wannan gishiri ne da ruwa ya ɗago ya bari a sama, kuma shi ke ƙona bakin ganyen mangwaro ya koma ruwan ƙasa. Babu maganin ƙwarin da ke warkar da shi.

Saboda haka gwajin farko kafin dashe ake yin sa. Haƙa rami, cika shi da ruwa da yamma, ka dawo da safe. Idan ruwan na nan, kada ka sa mangwaro ko lemo a wurin sai ka tara ƙasa ka yi tudu. Gwaiba ta fi su jure damshi. Idan ka dasa, yi wa bishiyar kewaye biyu: ƙaramin tudu da zai tsare jikin itacen, sannan kwarin da ruwa zai zauna a wajensa. Ciwon da ya kashe mini lemo wani naman gwari ne da ke rayuwa a jiƙaƙƙiyar ƙasa, yana shiga ta ɓawon gindi idan ya daɗe a jiƙe. Wanda ya gano shi da wuri yana iya kankare ɓawon da ya lalace da wuƙa mai tsabta, ya shafa maganin da ake haɗawa da jan ƙarfe, ya janye ƙasa da ruwa daga gindin.

Sai zurfin dashe, wanda ban cika jin ana magana a kansa ba. Yawancinmu muna binne dashe har wuya don kada iska ta kayar da shi. Kuskure ne. Inda jikin itace ya fara buɗewa ya zama saiwa, nan ne ya kamata ya yi daidai da fuskar ƙasa. Idan mai aure ne, gaɓar auren ta kasance sama da ƙasa sosai, kuma duk tohon da ya fito ƙasa da gaɓar a cire shi. Idan ba haka ba, za ka sayi binta suga ko juli, bayan shekara huɗu ka tsinci mangwaro mai zare, ka ce an cuce ka. A wurin saye ma ku ɗaga ledar ku duba. Dashen da ya daɗe a leda saiwarsa kan naɗe kamar gammo. Idan ba a warware ta ba haka za ta ci gaba da zagaye har ta shaƙe kanta. Gara ka sayi ƙarami mai lafiya da ka sayi dogo wanda ya tsufa a leda. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, saiwa ma haka.

Wani ɗalibi ya taɓa nuna mini hoto a wayarsa, bishiya mai jan ganye kamar an rina, ya ce ita yake so a ƙofar gidansa. Meful ce, wadda ganyenta ke kan tutar Kanada tun 1965. Tana da kyau ƙwarai, amma bishiyar ƙasashen sanyi ce, tana bukatar watannin sanyi mai tsanani ta huta, kuma zafin bazararmu da ke haura maki 40 zai soye ganyenta. Na ce masa ya bar wa mutanen can abinsu. Amma akwai darasi a labarinta. A 1996 aka gano wani ƙwaro mai dogayen ƙahoni a Buruklin ta birnin Niyok, wanda ya shigo Amurka daga Asiya cikin katakon da ake ɗaure kaya da shi. Tsutsarsa tana huda cikin itacen meful, kuma hanyar da hukuma ta bi ita ce sare dubban itatuwa. Ƙwaro ba ya bukatar biza. A jikin dashe, katako da 'ya'yan itace yake tafiya. Duk dashen da kuka sayo daga wata jiha, ku juya bayan ganyensa ku duba kafin ku shigar da shi gida, ku ajiye shi gefe na mako biyu kuna lura.

Mu ma an yi mana irin wannan baƙunta. Farin ƙwaron nan mai kama da auduga da ke manne a bayan ganyen mangwaro, wani nau'insa daga Asiya ya shigo Afirka ta Yamma a farkon shekarun 1980, ta Togo da Gana. Yana tsotsar ruwan ganye, yana fitar da wani abu mai danƙo irin darɓar da kuka sani a dawa, sai baƙin gwari ya hau kan danƙon, ganye ya koma kamar bayan tukunya. Abin da ya karya lagonsa ba feshi ba ne. Masana, ciki har da na cibiyar binciken noma ta IITA, sun kawo wani ɗan mitsitsin zanzaro daga Indiya a ƙarshen shekarun 1980 suka saka, yana yin ƙwai a cikin jikin ƙwaron ya kashe shi. Ku riƙe wannan da kyau: a kan kowace bishiya akwai ƙwarin da ke yi maka aiki kyauta. Idan ka yi mata wanka da guba mai kashe komai, su ne suke fara mutuwa, ƙwaron da kake nema kuwa yana ɓoye ƙarƙashin farin kakinsa, ya fito ya samu fili babu mai tsare shi. Ga ƙaramar bishiya, ruwan sabulu da tsumma sun isa. Ka kuma lura da tururuwar da ke hawa da sauka, domin ita ke gadin waɗannan ƙwari saboda zaƙin da take lasa.

Ƙudan mangwaro kuwa, wanda ke sa ka yanka nunanne ka tarar da tsutsa, nau'insa mafi ɓarna an fara ganin sa a Afirka ne a Kenya a 2003, cikin 'yan shekaru ya game nahiyar. Macen tana huda fatar mangwaro ko gwaiba ta zuba ƙwai, tsutsa ta ci ta ƙoshi, ɗan itacen ya faɗo, ta shige ƙasa ta rikiɗe ta fito ƙuda. Kun ga ke nan inda za a tare ta. Duk wanda ya faɗo a tsince shi kullum, a ƙulle cikin baƙar leda a bar shi a rana kwanaki, ko a binne shi a rami mai zurfin da ya kai rabin mita. Akwai kuma tarkon da ake sa wa wani sinadari mai jawo mazan. Sai dai aikin na unguwa ne. Idan ka share gindin taka maƙwabcinka ya bar tasa, ƙudan ba ya sanin katanga.

Yanzu gara, wadda kowa ke ɗora wa laifi. Gaskiya tana kashe dashe, musamman turare a shekararsa ta farko. Amma ku lura da wadda take fara kamawa: mai ƙishirwa, mai rauni a gindi, ko wadda aka tula wa ɗanyen taki da karmami har jikinta. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Taki ya ruɓe sosai kafin a sa. Ɓuntun shinkafa da ke jibge a bakin injinan Kura abu ne mai amfani wajen rufe ƙasa don riƙe damshi a bazara, amma a bar tazarar tafin hannu tsakaninsa da jikin itacen. Idan kun ga gara ta yi ginin ƙasa a jikin bishiya, ku kankare, ku barbaɗa toka, ku nemi shurin da take fitowa.

Wanda ya fi gara ɓarna a manyan itatuwanmu, a ganina, shi ne kauci. Ku ɗaga kai ku dubi ɗorawa, mangwaro da lemon da suka manyanta, za ku ga wani kore shar a reshe ko da sauran ganye sun zube. Mutane da yawa ba sa ɗaukar sa a bakin komai, wasu ma suna murna saboda ana magani da shi. Kauci tsiro ne da ke soka bakinsa cikin reshe yana shan ruwa da abincin da saiwa ta ɗebo. Tsuntsaye ne ke cin 'ya'yansa masu danƙo su goge baki ko su yi kashi a wani reshen, shi ke nan ya samu sabon gida. Tsinke shi da hannu aikin banza ne, zai sake tohowa daga ciki. Reshen ake yankewa ƙasa da kumburin da ya yi, kafin ya yi 'ya'ya. Mai neman sa don magani ma a ba shi, kowa ya samu biyan bukata.

Tun da an zo maganar yanka, a nan ne nake ganin ɓarnar da ta fi ba ni takaici. A ƙarƙashin ɓawon bishiya akwai wani siririn sashe mai damshi, ta nan abincin da ganye ya haɗa ke sauka zuwa saiwa. Idan aka yanke shi zagaye guda, saiwa za ta mutu da yunwa ko da ganye na nan kore na wasu watanni. Wayar shanya da aka ɗaura aka manta, igiyar akuya da ke gurzar wuri ɗaya, ɓawon maɗaci da ake sassaƙa ta kowane gefe don maganin shawara, wutar bola da ta tattakar shinkafa da ake kunnawa a gindi, duk aiki ɗaya suke yi. Ku je tsofaffin titunan Nasarawa a Kano ku ga manyan maɗatai da tabon gatari a jikinsu. Idan dole ne a ɗebi ɓawo, a ɗeba kaɗan ta gefe ɗaya, a tsaye, a bar sauran. Idan za a sare reshe, a fara ɗan yanka ta ƙasa don kada nauyinsa ya yago ɓawon uwar, sannan a yanke ta sama, a ƙarasa dab da kumburin gindin reshen ba tare da an taɓa kumburin ba, domin daga nan ne rauni ke rufewa. A wanke adda da ruwan bilic kafin a koma kan wata bishiyar. Mangwaro kuwa bayan an gama cin 'ya'yansa ake yi masa aski, a buɗe tsakiyarsa iska da rana su shiga.

Akwai kuma abin da ya keɓanta da mu masu noman shinkafa. Maganin ciyawa ba ya tsayawa a inda aka fesa shi idan ana iska. Bishiyar da sabon tohonta ya murɗe, ganyen ya tsuke ya yi sirara, kuma gefen da ke kallon gona ne ya fi lalacewa, ku tambayi wanda ya yi feshi a makon. Famfon da aka yi maganin ciyawa da shi kada ya kusanci dashe, ko an ɗauraye. Su kuma magungunan ƙwari masu ƙarfi da ake sayarwa a kasuwa, ku tuna bishiyar tsakar gida a ƙarƙashinta ake shanya tsaki, yara ke wasa, kaji ke kiwo. Idan mangwaro na fure a hunturu, ƙudaje da zuma ne ke ɗaukar masa barbara. Wanda ya fesa guba a lokacin ya rage wa kansa 'ya'ya.

Magani mafi sauƙi yana zube a bakin hanya. Dogon yaro, ko darbejiya, asalinsa daga Indiya da maƙwabtanta ne, an shigo da shi Najeriya ta Borno a 1928. A 1959 wani masanin ƙwari Bajamushe, Heinrich Schmutterer, ya lura a Sudan cewa fara ta cinye ko'ina amma ta bar shi, daga baya aka gano sinadarin da ke hana ƙwari ci da girma a cikin ƙwallonsa. Ku tsinci 'ya'yan, ku wanke, ku shanya a inuwa, ku fasa ku daka ƙwayar, kimanin rabin kilo a jiƙa cikin lita goma na ruwa ya kwana. A tace, a sa ɗan sabulu, a fesa da yamma, a bi bayan ganye. Ba ya kashewa nan take, sai an maimaita bayan mako, kuma wannan jinkirin ne ke sa matasa raina shi.

Dogon yaron kansa ya taɓa shiga wani hali da ya tayar da hankalin masana. Wajen 1990 aka ga yana zubar da ganye a Nijar da arewacin Najeriya, rassa su yi tsirara sai ɗan tuntu a ƙarshe. An zo daga ƙasashe daban-daban an bincika, ana neman ƙwayar cuta guda da za a ɗora wa laifi, ba a same ta ba. Inda binciken ya fi karkata shi ne wahalar da bishiyoyin ke sha: ƙarancin ruwa, ƙasar da ta taurare saboda takun mutane da dabbobi, da wuraren da tun farko ba su dace da su ba. Bishiyar da fara ta ƙi ci, ga shi ƙasa ta durƙusar da ita.

Idan kun duba duk waɗannan abin ya fi ƙarfinku, kada ku tsaya ga shawarar mai shagon magani kaɗai, domin shi kayansa yake son sayarwa, kuma bai ga bishiyar ba. Ku yanko reshe mai ciwon, ku haɗa da ɗan saiwa da ƙasar gindin, ku ɗauki hoton bishiyar gaba ɗaya. Muna da malaman gona na KNARDA, muna da tashar binciken noman rani ta Jami'ar Ahmadu Bello a Kadawa, ga kuma reshen cibiyar binciken kayan lambu da 'ya'yan itatuwa ta ƙasa a Bagauda. Ƙalilan ne a ƙasar nan suke da irin waɗannan wurare kusa da gida kamar mu, amma ban cika ganin matasanmu suna taka ƙafa can ba.

Wurin dashe ma a yi masa tunani tun yau. Satilayit saiwarsa a sama-sama take yawo, tana ɗaga daɓe da siminti, a ba shi taku shida ko fiye daga bango. Ceɗiya da durumi inuwarsu babu kamarta, amma saiwarsu tana bin damshi har cikin masai, sun fi dacewa da dandali da ƙofar masallaci. Turare kada ya kusanci rijiya ko bangon hanyar ruwa. Ga wanda ke da fili, ina roƙon ya sa tsamiya ko ɗorawa ko da guda ɗaya ce cikin itatuwan adonsa. Suna da jinkirin girma, na sani, mai yiwuwa 'ya'yansa ne za su sha kunun tsamiyar. Lokacin dashen kuwa shi ne idan damina ta zauna, wajen ƙarshen Yuni zuwa Yuli. A kewaye da ƙaya ko kwando saboda awaki, kuma a bazarar farko a riƙa ba shi bokiti guda sau biyu a mako, a zuba a hankali ya nutse, maimakon yayyafin kullum da ke tsayar da saiwa a sama.